Labarin ƙungiyar Can ta Jamus: na'ura mai layi biyu, reza, da mutanen da suka ƙi yin shugaba

Duk wanda ya taso da rediyo gajeren zango a gida ya san sunan birnin Kolon, dan daga nan Muryar Jamus take magana shekara da shekaru kafin su tattara su koma Bonn a 2003. To a wannan birnin ne dai a 1968 wasu mutane suka haɗu suka kafa ƙungiyar kiɗa wadda har yau in ka tambayi masu sauraronta wane irin kiɗa take yi sai ka ji an fara inda-inda. Sunanta Can, ana faɗinsa kamar "kan", ba "can" ɗinmu na nesa ba. 'Yan jaridar Ingila da suka rasa aljihun da za su saka su, su da sauran ƙungiyoyin Jamus na lokacin, sai suka laƙaba musu suna krautrock, wanda asalinsa ma tsokana ce irin wadda Turawan Ingila ke yi wa Jamusawa akan cin kabeji. Sunan bai bayyana komai ba akan kiɗan.

Ni abun da ya ja hankalina a lamarinsu ba yawan faya-fayan da suka sayar bane, dan gaskiya ba su sayar da wani abun kirki ba in ka gwada su da manyan zamaninsu. Yanda suke aiki ne, da kuma yanda aikin ya lalace daidai lokacin da suka samu kuɗin sayen kayan da kowa ke ganin sune za su gyara shi.

Su waye ma tukunna

Irmin Schmidt shi ya fara tara mutanen. An haife shi a Berlin a 1937, kuma ba ɗan kiɗan matasa bane sam, mutum ne da ya yi karatun piyano da jagorancin babbar ƙungiyar makaɗa irin ta gargajiyar Turai, irin wanda ke tsayawa a gaba da 'yar sanda yana kaɗa hannu. Ya yi karatu a wajen Karlheinz Stockhausen, wanda a lokacin shine gagarabadan sabon kiɗan gwaji a Turai, yana aiki a situdiyon lantarki na gidan rediyon WDR a Kolon inda ake haɗa sauti da injina ana yanka tef ana liƙawa. A 1966 Schmidt ya je New York gasar masu jagorancin makaɗa, can ya haɗu da su Terry Riley da La Monte Young da Steve Reich, mutanen da ke ɗaukar ɗan guntun kiɗa su yi ta maimaita shi har sai kunnenka ya fara jin wani abu daban a ciki, ya kuma ji irin hayaniyar da matasan birnin ke yi da jitar lantarki. Ya dawo Jamus kansa ya juye, kwat da 'yar sandar nan duk sun fita ransa.

Holger Czukay shi ma ɗalibin Stockhausen ne, daga 1963 zuwa 1966. An haife shi a 1938 a Danzig, garin da yanzu ake kira Gdansk a Poland, danginsa na cikin waɗanda aka kora bayan yaƙin duniya na biyu. Yana koyar da kiɗa a wata makaranta a Suwizalan sai wani ɗalibinsa, Michael Karoli, yaro ɗan 1948 wanda Czukay ya girme shi da shekara goma cur, ya fara kunna masa faya-fayan su Beatles da Jimi Hendrix. Kaga malami ya koma ɗalibi kenan. Da Schmidt ya aiko wa Czukay da maganar kafa ƙungiya sai ya taho da yaron nan a matsayin mai jita, shi kuma ya ɗauki jitar bas, wadda ba ita ya ƙware a kai ba.

Sai mai ganga, Jaki Liebezeit, ɗan 1938 shima, wanda in za a yi adalci shine ƙashin bayan abun gaba ɗaya. Makaɗin jazz ne na gaske, ya zauna a Barcelona ya yi kiɗa da Chet Baker, ya dawo Jamus ya shiga ƙungiyar Manfred Schoof masu irin jazz ɗin nan da ake ce masa mai 'yanci, wanda ba a bin wani ma'auni. Shi kuma ya gaji da shi. Hujjarsa ita ce wane irin 'yanci ne wannan da za a ce komai ya halatta amma banda maimaita bugu ɗaya sau biyu? Ya sha ba da labarin wani mutum da ya tare shi bayan wani wasa ya ce masa dole ka riƙa kiɗa iri ɗaya ba canji, maganar ta zauna masa a rai, daga nan ya fara neman yanda zai mai da kansa kamar inji mai numfashi. Da farko akwai wani Ba'amurke mai busa, David Johnson, amma bai daɗe ba ya fice da ya ga abun na karkata wajen kiɗan rock.

Ka lura da shekarunsu. Uku daga cikin huɗun sun kai talatin ko sun haura lokacin da suka fara, kuma dukansu yaran yaƙi ne, sun taso cikin ƙasar da aka ragargaza, inda manya da yawa ba a iya tambayarsu me suka yi a zamanin Hitler. Waƙoƙin soyayya masu zaƙi na Jamusanci da ake sawa a rediyo a lokacin su a wajensu rufa-rufa ce kawai, kwaikwayon Amurkawa da 'yan Ingila kuma suna ganin ƙarya ce tunda ba a bakin kogin Mississippi aka haife su ba. Shi yasa suka ce bari a fara daga babu.

Mawaƙin da ba mawaƙi ba

Matar Schmidt, Hildegard, wadda daga baya ta zama manajarsu kuma ita ta riƙe harkar kuɗin tsawon shekaru, ita ta haɗu da Malcolm Mooney a Paris. Baƙar fata ne ɗan Amurka, aikinsa sassaƙa da zane, ya baro gida a lokacin da ake kwasar matasa ana kaiwa yaƙin Vietnam. Ya zo Kolon ne da tunanin harkar zane, ya ga makirfo ya ɗauka, shikenan ya zama mawaƙi. Shi ya kawo sunan Can ɗin ma. Daga baya kowa ya yi ta ba sunan fassara, a Turkanci kalmar na nufin rai, Liebezeit kuma ya taɓa cewa haruffan na tsaye ne a madadin kwaminisanci da rashin gwamnati da rashin yarda da komai, wanda ni dai ina ganin shaƙiyanci ne kawai yake wa 'yan jarida.

Mooney baya rera waƙa kamar yanda aka saba, kama kalma ɗaya ko jimla ɗaya yake ya yi ta dukanta yana maimaitawa har muryarsa ta dishe, sai ya zamana shi da mai ganga kamar makaɗa biyu ne suna amsa wa juna. Wannan ne ya ja 'yan boko ukun nan daga gwaje-gwajen ɗakin karatu ya kawo su ƙasa inda jiki ke motsi. Wani mai tara kayan zane ya ba su ɗaki kyauta a wani tsohon gidan sarauta da ake kira Schloss Nörvenich a wajen Kolon, nan suka kafa sansani. Faifan farko da suka haɗa kamfanoni suka ƙi karɓa, sai a 1981 ya fito da sunan Delay 1968. Na biyun, Monster Movie, da kansu suka buga kwafi 500 a 1969 kafin kamfanin United Artists ya ɗauka. Gefe ɗaya na faifan gaba ɗaya waƙa ɗaya ce mai minti 20, Yoo Doo Right, wadda aka tsamo daga wani zaman kiɗa na wajen awa shida.

Amma abun ya fi ƙarfin Mooney. Yana ƙasar da ba tasa ba, yana tsoron a kamo shi, ga kiɗan da ke buƙatar ka zuba duk abun da ke cikinka kullum. A wani wasa ya maƙale akan kalma biyu, sama da ƙasa, yana ta nanatawa yana kallon mutane suna hawa bene suna sauka, har abun ya daina zama wasa. Likitan ƙwaƙwalwa ya ba shi shawara ya bar wannan kiɗan, ƙarshen 1969 ya koma Amurka.

Yanda suka samu mawaƙi na biyun kuwa sai ka ce tatsuniya. Watan Mayu 1970 suna Munich suna da wasa da daddare kuma babu mawaƙi, Czukay da Liebezeit na zaune a bakin wani shagon shan kofi sai ga wani yaro ɗan Japan mai dogon gashi a titi yana wasu surutai yana neman na abinci. Kenji Suzuki sunansa, ana ce masa Damo, ɗan shekara 20, ya baro gida tun yana matashi yana yawo a Turai. Czukay ya tashi ya same shi ya ce kana da abun yi yau da dare? Ya ce babu. A daren ya hau dandamali a kulob ɗin Blow Up ba tare da an yi gwaji ko sau ɗaya ba, ya fara a hankali sannan ya ɓarke da ihu har mutane da yawa suka fice. Su kuma suka ce ai mun samu namu.

Asalin yanda aikin yake

Nan ne nake so in ɗan daɗe, dan nan ne maganar take. Tun daga farko har zuwa 1974 duk faya-fayan Can da na'ura mai layi biyu aka ɗauke su, 'yan rikodojin Revox irin na gida, a lokacin da manyan ƙungiyoyin Landan ke aiki da layi 8 da 16. Ga wanda bai san harkar ba, bambancin shine in kana da layi 16 kowane kayan kiɗa da nasa layin, ganga daban, jita daban, murya daban, in mai jita ya yi kuskure sai a goge nasa shi kaɗai ya sake, in ganga ta yi ƙara sai a rage ta daga baya. A layi biyu kuwa duk abun da ya faru a ɗakin a cakuɗe yake shiga, kamar ka zuba gishiri a ruwa, ba mai tsamo shi. In ka danne ɗan uwanka da ƙara to ka ɓata ɗaukar kowa da kowa, kuma kowa zai san kai ne.

To wannan ya tilasta musu wani irin ladabi da ba kasafai ake samu a wajen makaɗa ba. Dole ka saurari sauran fiye da yanda kake sauraron kanka, dole ka rage hannu. Liebezeit ya tsani a tsaya ana nuna gwaninta, in wani ya fara dogon salo shi kaɗai kallon da zai masa ma ya isa. Czukay sau da yawa sauti biyu ko uku kawai yake bugawa a bas ya yi ta juya su, dama kuma hannunsa ɗaya na wajen na'ura tunda shine injiniyan, yana kiɗa yana duba allurar rikoda. Schmidt da ya fi kowa sanin piyano sai ka ji minti biyar bai taɓa komai ba, in ya shigo kuma ba daɗin sauti yake kawowa ba, wani irin kuka ne ko shuuu kamar iska, wani lokacin da gefen hannu yake dukan allon. Babu shugaba, babu mai zuwa da rubutacciyar waƙa daga gida ya ce ga abun da za ku buga min. Sunan kowa ake sawa a matsayin marubucin waƙa, kuɗin ma raba shi ake.

Su ba sa son a ce musu suna kiɗan kara-zube ne, cewa suke suna tsara waƙa ne nan take. Kuma akwai gaskiya a ciki, dan rabin aikin bayan an ajiye kayan kiɗa yake farawa. Tef na juyawa kusan koyaushe, awa da awanni, sannan Czukay ya zauna da reza da salatif, sana'ar da ya koya a wajen Stockhausen, ya yanko minti uku daga nan, ya ɗauko rabin minti daga abun da aka buga wani lokacin daban, ya liƙa su daidai kan bugun ganga yanda ba za ka ji ɗinkin ba. Abun da ya sa hakan ke yiwuwa shine Liebezeit, tunda bugunsa baya gudu baya ja da baya, ko ina ka yanka zai hau. Har ma Czukay kan kunna rikoda a ɓoye lokacin da sauran suke zaton hutu ake suna ɗan taɓe-taɓe, dan ya lura mutum ya fi yin abun kirki in bai san ana ɗaukarsa ba.

Da wannan hanyar aka yi Tago Mago a 1971, faifai biyu a kwali ɗaya, sunan wani ɗan tsibiri ne kusa da Ibiza. A ciki akwai Halleluhwah mai minti 18 wadda ganga ke tafiya kamar jirgin ƙasa, in ka ji ta za ka rantse wani mai kiɗan rawa na funk ne daga Amurka, sannan ka sa faifai na biyu ka faɗa cikin Aumgn, inda babu waƙa babu amshi sai Schmidt yana gurnani cikin makirfo da haushin kare da ya shigo ɗakin aka bar shi a ciki. Gaskiya ni wannan ɓangaren ba kullum nake iya jure shi ba, akwai ranar da sai in tsallake. Damo kuwa Turancinsa da Japananci da wasu kalmomin da shi ya ƙirƙiro duk a haɗe suke, ba ma'ana ake nema a wajensa ba, muryarsa wani kayan kiɗa ne a cikin biyar.

Kuɗin cefane daga fina-finai yake fitowa. Schmidt na da hanya a wajen masu shirya fim da talabijin, shi kaɗai yake zuwa ya kalli fim ɗin ya dawo ya ba sauran labari da baki, su buga akan labarin ba tare da sun ga hoton ba. Faifansu Soundtracks na 1970 tarin irin wannan aikin ne. A ƙarshen 1971 suka yi wa wani shirin 'yan sanda na talabijin ɗin Jamus mai suna Das Messer, wato wuƙa, waƙar buɗewa. Sunanta Spoon, cokali kenan, kuma a ciki sun haɗa ƙaramin injin ganga da hannun Liebezeit, abun da ba a saba ji ba a lokacin. Waƙar ta hau har lamba 6 a jerin waƙoƙin Jamus, ta sayar da wajen kwafi 300,000. Ranar 3 ga Fabrairu 1972 suka yi wasa kyauta a babban zauren wasanni na Kolon, mutum wajen 10,000 suka zo.

A wannan tsakanin ne suka bar gidan sarautar suka kama wani tsohon gidan silima a Weilerswist, wani ɗan ƙaramin gari kusa da Kolon, suka sa masa suna Inner Space. Dan kar sauti ya riƙa dawowa daga bango sai suka samo katifun sojoji guda 1,500 suka manne ɗakin da su. Ba gilashi tsakanin makaɗa da injiniya kamar sauran situdiyo, komai a ɗaki ɗaya, kuma tunda nasu ne ba mai ƙirga musu awa. Nan suka yi Ege Bamyasi a 1972. In ka ga kwalin faifan sai ka yi dariya, hoton gwangwanin kuɓewa ne, irin wanda ake sayarwa a shagunan Turkawa 'yan ci-rani a Jamus, sunan ma nufinsa kuɓewar yankin Aegean. Aikin ya so ya makara saboda Schmidt da Damo sun kamu da wasan dara irin na Turawa ba dare ba rana, sai da aka yi wata waƙar a gurguje dan a cike faifan. Duk da haka in wani ya ce min da wanne zai fara, shi nake cewa, waƙoƙin gajeru ne kuma gangar a tsaye take.

Future Days na 1973 kuma wani abu ne daban, komai ya yi sanyi ya baje kamar hazo, muryar Damo can ƙasa ƙasa kamar mai magana cikin barci. Bayan shi Damo ya auri wata Bajamushiya ya shiga ɗariƙar Shaidun Jehobah ya ajiye waƙa. Sun gwada mawaƙa da dama ba wanda ya zauna, Karoli da Schmidt suka riƙa karɓar makirfo, a haka aka yi Soon Over Babaluma a 1974, inda Karoli ya ɗauko goge irin na Turawa aka shiga tango da wasu kaɗe-kaɗen Latin. Shine na ƙarshe a layi biyu.

Akwai wani abu da suke yi a gefe tun farko da ya kamata a ambata, jerin wasu gajerun kaɗe-kaɗe da suka sa wa suna E.F.S., wanda fassararsa ita ce jabun kiɗan ƙabilu. Za su kwaikwayi kiɗan wata ƙasa da ba su taɓa zuwa ba, na Asiya ko Afirka ko Gabas ta Tsakiya, su sa masa lamba, kuma su faɗa maka da bakinsu cewa jabu ne. Mutum zai iya cewa wasa da al'adun mutane ne, kuma ban ce babu ƙamshin hakan ba. Amma ko ba komai sun fi waɗanda suka zo daga baya suka kwashi kiɗan mutane suka ce ilhama ce ta sauko musu.

Inda kiɗa ya canza

1975 suka sa hannu da kamfanin Virgin, aka shigo da na'ura mai layi 16 cikin gidan silimar, aka yi Landed. A ido ci gaba ne, sauti ya fito tas. Sai dai Czukay ya sha faɗa daga baya cewa daga nan ne ƙarshen ya fara, kuma dalilinsa mai sauƙi ne. Yanzu kowa na iya cewa a kashe na kowa a kunna min nawa in ji, kuma duk wanda ya ji nasa shi kaɗai sai ya ji kuskure, sai ya ce bari in sake. Mai jita ya zo shi kaɗai da rana ya gyara nasa, mai piyano ya zo da yamma. A da kuskure na kowa ne, in ya shiga ya shiga, wani lokacin ma shine yake zama daɗin waƙar. Yanzu an san mai shi, ana iya nuna shi da yatsa. Mutanen da suka shekara bakwai suna kiɗa kamar jiki ɗaya sai gashi kowa na tsaron layinsa.

Abun mamaki a wannan lokacin ne suka samu waƙar da ta fi shiga a Ingila, I Want More daga faifan Flow Motion na 1976, kiɗan disko ne sak, ta kai lamba 26 har aka gayyace su shirin Top of the Pops na BBC. Tsofaffin masoya suka ce an sayar da kai. Ni ban ga laifin waƙar ba, dama can rawa na cikin jininsu, wanda ya saurari gangar Liebezeit tun 1971 bai kamata disko ya ba shi mamaki ba. A faifan akwai reggae akwai waltz, wato tsallake-tsallaken na nan, abun da ya ragu shine haɗarin, ka daina jin cewa komai na iya rushewa a kowane lokaci.

A 1977 suka ɗauko mutum biyu daga ƙungiyar Traffic ta Ingila, Rosko Gee ɗan Jamaika mai bas, da Rebop Kwaku Baah ɗan Ghana mai ganguna. Ƙwararru ne na gaske, Gee ya fi Czukay iya bas nesa ba kusa ba, kuma faifan Saw Delight na da wurare masu daɗi inda salon Afirka ta Yamma ya fito. Czukay da aka karɓe masa bas sai ya koma gefe da tebur, ya ɗora rediyo gajeren zango da tef da wayar tarho, ana cikin wasa sai ya murɗo wata tasha daga wata duniya ya jefa muryar mai labarai ko wata mawaƙiya cikin kiɗan. A wajensa rediyon ne sabon mawaƙin da suka rasa, baƙon da ba ka san me zai faɗa ba, kamar dai Damo a titin Munich. Sababbin zuwa kuwa suna ganin mutumin nan ɓata musu kiɗa kawai yake. Aka yi ta samun saɓani, kafin shekarar ta ƙare ya fice. Tsarin nan na sa sunan kowa akan kowace waƙa shi ma ya fara tsagewa, aka fara ganin waƙa da sunan mutum ɗaya. Out of Reach na 1978 su da kansu sun daɗe suna yi kamar ba nasu bane, ba sa sa shi cikin waɗanda ake sake bugawa. Suka yi faifan ƙarshe kafin rabuwa a 1979, Czukay ya dawo ya taya su yanka tef kawai, daga nan kowa ya kama gabansa ba tare da wani tashin hankali ba.

To shin na'urar ce ta kashe su? Ni ina ganin Czukay ya faɗi gaskiya amma ba duka ba, kuma kar a manta shi ke da reza, layi 16 ya rage masa sarauta, dole abun ya fi yi masa ciwo. Tafiyar Damo ta riga zuwan na'urar da shekara biyu, kuma tun daga lokacin aka rasa mutumin da bai yi karatun kiɗa ba a ɗakin. Mooney da Damo duk ba su san ƙa'ida ba balle su ji tsoron karya ta, su ne ke hana masu ilimin nan komawa cikin iliminsu. Da aka maye gurbin da ƙwararru sai ɗakin ya cika da mutanen da suka iya, ba wanda zai yi abun da ba a zata ba sai rediyo, shi ma aka ce a kashe. Ga kuma gajiya, shekara goma kana ɗaki ɗaya da mutum huɗu masu taurin kai kuna musu akan kowane bugu, ko ba na'ura za a gaji.

Bayan rabuwa

Hildegard Schmidt ta kafa kamfanin Spoon Records ta tattara haƙƙin faya-fayan a hannunsu, wanda shine ya sa ba su tsufa cikin talauci kamar wasu 'yan zamaninsu ba. Sun sake haɗuwa da Mooney a kudancin Faransa a 1986 suka ɗauki Rite Time wanda ya fito a 1989, ba laifi amma ba wanda zai ce maka shine. Sunansu kuwa sai ƙara girma yake bayan ba su nan. John Lydon na Sex Pistols da Public Image Ltd ya sha yabonsu, ƙungiyar The Fall ta yi waƙa sukutum da sunan Damo Suzuki a 1985, wata ƙungiya a Texas ta ɗauki sunan Spoon daga waƙarsu, Kanye West ya ɗebi wani yanki daga Ege Bamyasi ya gina waƙa a kai a faifansa na 2007.

Damo ya dawo waƙa a shekarun 1980 bayan ya sha fama da ciwon daji, kuma daga baya ya daina yin ƙungiya tsayayya har ƙarshen rayuwarsa. Duk garin da ya sauka sai a tara masa makaɗan garin waɗanda bai taɓa gani ba, ba gwaji ba komai, a hau dandamali kawai, wato daren Munich ɗin nan ya yi ta maimaitawa shekara da shekaru har ya rasu a Fabrairun 2024. Rebop ya rasu tun 1983 a Sweden, Karoli a 2001, Liebezeit a Janairun 2017.

Kayan situdiyon Weilerswist an kwashe su an kai gidan tarihin kiɗan rock da pop da ke Gronau, har da katifun, aka sake jera su yanda suke. Wajen kwasar ne aka ci karo da tulin tef sama da awa 30 da aka manta da su a ma'ajiya, da yawa ba a ma rubuta komai a jikinsu ba, Schmidt da surukinsa Jono Podmore suka zauna suka tace, aka fitar da su a 2012 da sunan The Lost Tapes. Shi kuwa ginin silimar Czukay ne ya koma ciki da zama ya mai da shi gida, kuma a cikinsa aka same shi ya rasu a watan Satumba 2017, wata takwas bayan mai gangarsa.